Foldar Hadda

Shekarar korona, da aka kulle Doha kowa ya zauna a ɗakinsa, babu wanda ya fito hannu rabbana. Wasu sun fito da tumbi, wasu da gemu har ƙirji, wasu sun koyi tuya cincin. Injiniya Umar Faruq kuwa da suna ya fito, suna mai nauyi: Alaramma.

A yi masa adalci, ba shi ya nemi sunan ba. Abin kashe lokaci ya nema. Kamfanin gas ɗin da yake wa aiki ya ce kowa ya zauna gida, matarsa Hannatu kuwa nas ce, tana fita da sassafe ta dawo da shatin takunkumi a fuska. Sai ya sauke wata manhaja mai suna Zumbo a kwamfutar tebur da ke ƙaramin ɗakinsu a Al Thumama. Masu harkar suna ce mata lanca: ita ce ƙofar da ake bi a shiga gem, ita ke sauko da shi, ita ke riƙe da sunanka da tarihin duk ɓarnar da ka yi. Ta cikinta ya sauko da gem ɗin ƙwallo. Da kwamfutar ta tambaye shi inda za ta ajiye kayan, sai kunya ta kama shi, magidanci ɗan shekara talatin da takwas. Ya buɗe sabuwar folda, ya rubuta mata HADDA da manyan baƙaƙe.

Wata rana Hannatu ta leƙo ta same shi da abin ji a kunne, leɓɓansa na motsi, ido jawur. Golansa yake zagi. Ya yi wuf ya kawar da wasan, ya tura hannun gem ƙarƙashin cinya, ba abin da ya rage a fuskar kwamfutar sai foldar nan. Ta tsaya da takalman aiki a hannu, idonta ya ciko.

"Injiniya, hadda ka fara? Shi ne ba ka gaya mini ba?"

Nan ne inda mutumin kirki zai ce a'a. Shi kuwa ya sunkuyar da kai ya ce, "Ai irin wannan ba a so a riƙa faɗa."

A ranar ta kira mahaifinta a Gusau, Malam Ɗalhatu, tsohon malamin Larabci da ya yi ritaya. Kafin mako ya zagayo Gusau ta ji, Hausawan Doha sun ji. Duk kiran da tsohon zai yi sai ya tambaya, "Izu nawa yanzu?" Umar Faruq ya ce goma. Ya ce ashirin da biyar. Ya ce arba'in. Tun da ba a haddar baya da baya, wata rana ya wayi gari ya sauke izu sittin cif, a daidai makon da ya ɗauki kofi karo na tara. Allah ya rufa masa asiri, masallatan Doha kowanne da limaminsa na gwamnati, babu mai tura baƙo gaba.

Haka aka yi ta tafiya har gasar kofin duniya ta zo, aka buɗe ƙasar ga duk mai tikitin kallo. Hannatu ta sayi tikiti ɗaya da sunan mahaifinta, mutumin da bai taɓa sanin ko mutum nawa ke buga ƙwallo ba, don kawai a ba shi izinin shigowa.

"Ba ni zai zo gani ba fa," ta ce tana dariya. "Kai zai zo gani. A ɗakin haddarka zai sauka, na ce masa har foldar za ka nuna masa."

Ranar Juma'a zai iso. Ranar Laraba, Hannatu na fita aiki, Umar Faruq ya ɗauki hutu ya zauna gaban kwamfutar. Ya daɗe da rage buga gem, amma Zumbo ba ta san da wannan ba. Ana kunna kwamfutar sai ta yi tsalle ta fito, da ihun 'yan kallo, ta shimfiɗa rubutu da Turanci ɓaro-ɓaro: barka da dawowa, Dodon Raga, ka buga awa dubu biyu da ɗari da goma sha huɗu. Malam Ɗalhatu kuwa yana jin Turanci sarai, kuma mutum ne da ba ya ganin maɓalli ya ƙyale.

Injiniyan da ke kula da bututun gas mai tsawon kilomita ɗari ya ja hoton Zumbo ya jefa a kwandon shara, ya kakkaɓe hannu. Ya kashe kwamfutar ya kunna. 'Yan kallo suka yi ihu. Dodon Raga, barka da dawowa.

Dole ya kira Ɗantala, abokinsa tun jami'a, wanda ke gyaran kwamfutoci a wani kamfani a Abu Hamour. Shi kaɗai ya san gaskiyar magana, don shi ne yake zura masa ƙwallo shida da bakwai a azumin korona.

"Allah gafarta Alaramma," in ji Ɗantala ta waya. "Hotonta ka jefar, ita tana nan daram. Shiga jerin manhajoji ka nemo sunanta, ka ce a cire."

Ya nemo, ya danna. Kwamfutar ta ce ba za ta iya ba, wai Zumbo na kan aiki.

"Wane aiki? Na rufe ta!"

"Taga ka rufe. Buɗe inda ake ganin masu gudana a ɓoye. Za ka same ta ita da 'yan'uwanta."

Su uku ya samu a laɓe: ita kanta, da mai sabunta ta, da wani da ba shi da sana'a sai tayar da su in sun mutu. Ya kashe ta farko, na ukun ya tashe ta. Sai da Ɗantala ya ce ya fara da mai tayarwar tukuna suka kwanta. Ya sake cewa a cire. Zumbo ta tambaye shi ko ya tabbata. Ya tabbata. Ta tambaye shi ko ya tabbata da gaske, don za ta yi kewarsa. Sannan ta jero masa dalilai ya zaɓi ɗaya: ko tsada, ko nauyi, ko ya samu wata. Ya duba sama da ƙasa, babu inda aka rubuta surukina na zuwa jibi.

"Ta tafi," ya ce, yana share gumi.

"Ta tafi ta bar kayanta. Irin waɗannan ba sa tashi da komatsansu. Yalla, shiga jerin masu tashi tare da kwamfuta."

Sunanta na nan, ya cire. Ɗantala ya sa shi ya bayyana foldojin da kwamfuta ke ɓoyewa, sai ga Zumbo a wuri uku, kowanne maƙare da tarkace: bayanan shiga, da ragowar sabuntawa, da wasu fayiloli masu sunaye kamar lambar mota. Ya goge. Suka shiga rajista, inda kwamfuta ke rubuta sunan duk wanda ya taɓa kwana a cikinta.

"Nan ka yi a hankali," in ji Ɗantala. "Abin da ke da sunanta kaɗai za ka taɓa. Ka goge na maƙwabci, kwamfutar ce za ta bi ta, ka ga sai ka ce wa Baba haddar ta yi mata nauyi."

Umar Faruq bai yi dariya ba. Ya nemo sunan sau bakwai, ya goge sau bakwai.

A foldar hotuna ne jikinsa ya yi sanyi. Ashe duk ƙwallon da ya ci, Zumbo sai ta ɗauki hoto ta adana masa, don ƙauna. Hotuna ɗari shida da wani abu, kowanne da kwanan wata. Ya ga na goman ƙarshe na azumi, kwanakin da Hannatu ke tafiya da sanɗa a gidan kada ta katse masa tilawa. Ya ga na ranar da ta dawo ta zauna a ƙofar banɗaki tana kuka, mutum huɗu sun rasu a hannunta, ya ce mata ta ba shi minti goma ya kai ƙarshen shafi. Ƙwallo uku ya ci a minti goman nan. Kunya ta rufe shi, kunya ta gaske, har ya ɗan kawar da kai daga fuskar kwamfutar. Sannan ya zaɓe su duka ya goge, don goge hoto ya fi sauƙi.

Ya rufe asusunsa na Dodon Raga, ya share saƙonnin da Zumbo ta taɓa turo masa, ya goge gem ɗin da ke cikin foldar HADDA, ya zubar da kwandon shara. Hannun gem ya naɗe shi a leda ya kai bola ta layi na uku. Ya dawo ya kunna kwamfutar. Shiru. Ya sake kashewa ya kunna, har sau uku, ko tari ba ta yi ba.

"Khalas, an gama," in ji Ɗantala. "Ko ni na zo bincike ba zan ga ƙurarta ba."

Saura cike gurbi. Ya sauko da karatun wani gwanin ƙira'a, Alƙur'ani cikakke, ya zuba a foldar HADDA, sura bayan sura. Izu sittin suka shiga cikin minti goma sha ɗaya. Ya jingina da kujera yana jin daɗin kansa, kamar wanda ya gama wani babban aiki.

Ranar Juma'a da la'asar suka ɗauko Malam Ɗalhatu daga filin jirgi, ta cikin tituna cike da mutane masu fenti a fuska suna busa ƙaho. Tsoho ne siriri, da farar riga da wani ƙunshi mai faɗi da ya ƙi bari a sa a but ɗin mota. A gida Umar Faruq ya durƙusa ya gaishe shi. Tsohon ya kamo hannunsa ya ɗaga shi, sai ya ji kanta a babban yatsansa, inda hannun gem ya ci shekara biyu yana gurza.

"Allahu akbar," ya ce, yana shafawa. "Hannatu, zo ki ga abin da carbi ya yi."

Aka kai shi ɗakinsa. Umar Faruq ya matsa kusa da tebur, yana ɗokin nuna aikinsa. "Baba, ko in kunna maka ka ga foldar?"

Malam Ɗalhatu ya cire hularsa ya kifa a kan kwamfutar. "Me zan yi da akwati, ga mai abin a gabana?"

Ya zauna bakin gado ya kwance ƙunshin. Allo ne, sabo, an yi masa zayyana da ja da kore da ruwan ɗorawa, irin wanda ake ba wanda ya sauke. A ƙasa an rubuta sunan Umar Faruq da ajami.

"Wata uku mai zayyanar ya yi yana yi. A cinyata na riƙo shi tun daga Kano, ma'aikaciyar jirgi ta yi ta fama na ce mata a'a. Ni shekara arba'in ina koyarwa, izu goma sha takwas na iya riƙewa. Ban haifi namiji ba. Sai Allah ya ba ni kai."

Umar Faruq ya karɓi allon da hannu biyu.

Aka kira magariba. An toshe layinsu saboda wasan da ake yi a filin Thumama, tsohon kuma ƙafarsa ta kumbura da zaman jirgi, sai ya ce a yi a gida. Hannatu ta shimfiɗa darduma uku a falo, ta tsaya a baya da hijabinta. Umar Faruq ya ja da baya, kamar yadda suruki zai yi.

"Bismillah, Baba."

"Haba, Alaramma. In shiga gaban mai izu sittin? Wannan ai ba tarbiyya ba ce, kuma ba fiƙihu ba ne." Ya dafa kafaɗarsa ya tura shi gaba a hankali. "Ka ja mana farkon Maryam. Ita mahaifiyar Hannatu ke so, Allah ya jiƙanta."

Ya yi kabbara. Ya karanta Fatiha, ya ja ta iya ja, har ta ƙare. Aka ce amin. Ya tsaya. Ya lalubi cikin kansa, ya tarar da shi fes, kamar kwamfutar. Sunayen 'yan wasa goma sha ɗaya ne kawai suka taso, da lambobin rigunansu. Daga filin wasa ihu ya tashi ya shigo ta taga, irin ihun nan da ya yi yini guda yana kashewa. A bayansa tsohon ya ɗan yi gyaran murya, ya jefo masa farkon surar a hankali, yadda ake yi wa liman idan ya sarƙe. Ya maimaita abin da aka jefo masa. Bayan nan babu komai.

Ya karanta Ƙulhuwallahu ya yi ruku'u.

Aka sallame. Malam Ɗalhatu ya gama tasbihinsa a yatsu, bai gaggauta ba.

"Umaru," ya ce. Rabon da ya kira shi da wannan sunan shekara biyu ke nan. "Izu nawa?"

"Biyu, Baba."

"Na korona ne?"

"Da su na zo daga gida."

Tsohon ya gyaɗa kai. Umar Faruq ya waiwaya. Hannatu na zaune a kan dardumarta, ba ta kuka, kallonsa kawai take.

"Duk wanda ya cika a hannuna," ta ce, "sai in ce wa kaina ba komai, a gida ana karatu."

Ta naɗe dardumar ta shige kicin. Malam Ɗalhatu ya dafa gwiwa ya miƙe da ƙyar, ya shiga ɗaki. Ta ƙofar da ya bari a buɗe Umar Faruq na ganinsa: ya ɗauki allon daga kan gado, ya tattaro zanen da ya ƙunso shi a ciki, ya shiga naɗewa a hankali, yana ɗaure igiyar kamar yadda ya kwance ta.