Gwangwanin da Ke Ƙarƙashin Gado

Shekara goma sha ɗaya Turai tana ɓoye da gwangwanin fim a ƙarƙashin gadonta. Masu majigi ne suka taɓa ɗaukar mijinta Gwadabe yana rini a karofi, suka bar masa kwafi. Ya rasu ba a kalla ba, kuma ba shi da wani hoto a duniya sai wannan.

A shekarar da soja suka miƙa mulki, ɗanta Mikail ya dawo Jakara daga karatun zane a Zariya, har da aron injin majigi. Ɗan fari ne, Turai kuwa kunyar ɗan fari gare ta ta gaske: ba ta faɗin sunansa, balle doguwar magana. Sai kawai ta ajiye gwangwanin a ƙofar ɗakinsa ta wuce abinta. A ganinta, mai hankali ai zai gane.

Mai hankalin kuwa kwana da kwanaki yana cigiyar tsohon fim da zai yi zane a kai, ya ɗauka jin haka ne ya sa ta taimaka. Ko ɗaga shi a rana ya ga abin da ke ciki bai yi ba. Ya jiƙa shi a bilic, ya wanke tas, ya yi ta zane a kai da allura da shuni sati uku cur.

Ranar Asabar bayan la'asar aka toshe ƙofar zaure da tabarmi don a haska fim ɗin. Turai ta ci ado, ta aika aka kira Luba, ƙanwar marigayi.

Wani shuɗin ɗigo ya fito a bango, ya kumbura, ya fashe. Layuka suka yi ta tsere suna karkacewa, ba mutum, ba magana. Turai ta zuba wa bangon ido tana jira.

"Mikailu, wuce wannan shirmen," in ji Luba. "Yaushe babanka zai fito?"

"Wane baba, Gwaggo?"

"Fim ɗin karofi mana. Ai shi ne a ciki."

Sai a lokacin Mikail ya gane abin da ya wanke, ya kasa ko kashe injin. Can wajen ƙarshe, inda bilic bai ci ba, wani hannu shuɗi har gwiwa ya ɗago zane daga ruwa. Ƙiftawar ido, bango ya yi fari.

Luba ta ɗora hannu a ka tana salati. Turai ta yi magana ba tare da ta juyo ba.

"Luba, ce masa ya maimaita wurin hannun."