Kunun Zipora

A makon nan babu maganar da ake yi a Keffi sai ta kunun Zipora. Wai wani ɗalibin jami'a ya sha kunun ayarta a bakin tasha, ko robar bai ajiye ba ya yanke jiki ya faɗi, bakinsa na kumfa. Wasu suka ce ya cika a hanyar asibiti, wasu suka ce har an binne shi a Gitata. Ga bidiyo kuma, kowa ya gani.

Malama Halima Sadiya ma ta gani. Shekara talatin da biyar ta yi tana koyar da kimiyya kafin ta yi ritaya, an kuma san ta da hali guda: ba ta karɓar "an ce". Sai dai wannan karon abin da ya hana ta sukuni daban ne. Ranar Litinin ta ci karo da bidiyon a intanet, ta tura shi zauren WhatsApp na tsofaffin malamai, da niyyar ta rubuta a ƙasa cewa wannan faɗuwar ba ta yi mata kama da ta gaske ba. Sai wakenta ya kama ƙonewa. Ta tashi, ba ta koma ta rubuta komai ba.

Ranar Juma'a ta yafa mayafi ta hau acaɓa zuwa tasha. Ta tarar da Zipora ta zuba tagumi a gaban kula biyu cike da robobi, ƙanƙara duk ta narke. Malama ta ɗauki roba ɗaya ta kafa kai.

Wani direba ya leƙo daga motarsa. "Hajiya, kin dai bar wasiyya ko?"

"Ta birkin motarka nake jira ka fara bari," in ji ta.

Zipora ba ta yi dariya ba. "Mama, ke ce ta farko tun Talata. Wasa ne fa! Mahfuz mai barkwanci ne ya ce zai yi min talla. Mutumin zai faɗi, jama'a su tsorata, sai ya tashi ya ce daɗin kunu ne ya sumar da shi. Na faɗa har muryata ta dushe, sai a ce to me zan ce dama?"

Mahfuz tsohon ɗalibin Malama ne. Ta same shi a shagonsa na ɗaukar hoto, ya durƙusa ya gaishe ta.

"Tashi, sarkin shiririta. Ina gawar?"

"Tana cin shinkafa a bayan shago, Malama. Israel ne."

Ya nuna mata sauran bidiyon a kwamfuta: Israel ya miƙe yana lashe baki, yana neman ƙari.

"Me ya sa ka raba shi biyu?"

"Haka sana'ar take, ranki ya daɗe. Kashi na ɗaya yau, a bar mutane cikin zullumi, na biyu gobe. Masu bin shafinmu sun san Israel, faɗuwa ce aikinsa. Wancan watan a gaban mai tsire ya faɗi, babu abin da ya faru. Wannan karon ne kawai kashi na ɗaya ya shiga wayoyin iyayenmu, na biyun bai bi shi ba. Mahaifiyata ma ta ƙi yarda da ni. Ta ce wadda ta sa shi a zauren malamai ba ta taɓa yaɗa abin da ba ta bincika ba."

Ya kama goge gilashin kyamara da gefen rigarsa. Malama ta so ta zage shi, ta rasa ta inda za ta fara.

Da ƙafa ta koma tasha. Zipora na tsiyaye kunun da ya yi tsami a kwata, roba bayan roba.

"Gobe zan koma garinmu Panda, Mama. In sun manta na dawo. Ni dai Allah ya isa tsakanina da wanda ya yaɗa abin nan."

Malama ta tsaya sai da ta ɗago suka haɗa ido.

"Zipora, kununki lafiyarsa ƙalau. Ba wanda ya mutu, ba wanda ya suma. Bidiyon kuwa, ni na fara tura shi."