Wayar da Ba Ta Duba Fuska

Tun da Hajiya Kulu ta tafi Umara, mijinta Malam Hamisu bai ga fuskarta ba. Duk sanda ya so kiranta ta bidiyo, sai wayarsa ta ce manhajarta ta tsufa, sai an sabunta.

Amininsa Alhaji Maje, mai shagon yadi a Tarauni, ya ce abin ba wuya. Ya samo fayil ɗin sabuntawa a intanet, ya tura masa. Suna zaune a bakin shago waya ta mutu, ta kunnu, sannan ta rubuta cewa ba ta yarda da sa hannun da ke kan fayil ɗin ba. Suka sake gwadawa, ta sake ƙi.

Rai a ɓace Malam ya hau adaidaita sahu zuwa Gyadi-Gyadi, gidan 'yarsa Muhibbat, ma'aikaciyar jinya. Ya same ta ko takalmin aiki ba ta cire ba, ya faɗa mata abin da ya faru.

"Baba, ai wayar nan gata ta yi maka," in ji ta. "Kamfanin da ya ƙera ta yana sa hannu a kan kowace sabuntawa da wani mabuɗin sirri da shi kaɗai ke riƙe da shi. Ita kuma tana da abin gwada sa hannun a cikinta. Ko harafi ɗaya aka taɓa a hanya, ba za ta karɓa ba."

Malam ya gyara zama. Kafin ya yi ritaya aikinsa ke nan a ofis, duba hatimi da sa hannu.

"Wato ko Alhaji ne ya kawo, ba ta duba fuska?"

"Ba ta san kowa ba, Baba."

Ya yi dariya har hularsa ta karkace. "To, wannan tamu ce."

Muhibbat ta jona wayar a caji, ta shiga saiti, ta sauko da sabuntawar daga kamfanin kai tsaye. Waya ta gwada sa hannun, ta karɓa, ta mutu ta kunnu, wani ɗan layi ya riƙa cika a hankali. Malam ya tsura masa ido, ya hana jikokinsa matsowa.

Da ta gama, ya kira. Sai ga Hajiya Kulu da farin mayafi, hasken Madina a bayanta.

"Malam, ka rame. Me kake ci?"

Malam ya dubi Muhibbat. "Kin ji ta ko? Ko sallama babu."

Jikoki suka cika allon suna rige-rigen gaishe ta. Muhibbat ta shiga kicin ta zubo shinkafa da wake, ta ajiye a gabansa, Hajiya kuwa ta ce ba za ta kashe ba sai ta ga ya kai loma.