Lungun Da Ya Raba Katangunsu

Tela ya daɗe yana sallama a ƙofar ɗakin kafin aka amsa. Rabonsa da gidan nan tun kafin ya kai maƙwabcinsa Direba ƙara a kan ɗan lungun da ya raba katangunsu, shekaru da yawa ke nan.

Direba na kwance a katifa, ƙafafunsa sun kumbura, shayi ya huce a gefensa. Matarsa ta rasu, 'ya'yansa suna nesa, sai dai waya.

"Ka zo ka duba ko na mutu, ka cinye lungun?" in ji Direba.

"Ko ka mutu sai sun ɗaga shari'ar." Tela ya jawo kujera ya zauna. "Zama biyu ba ka je ba. Ni kaɗai a benci kamar maraya."

Sai ya gaya masa abin da ya kawo shi. Babbar kotu ta umarci ƙananan kotuna su gama duk tsofaffin ƙararrakin da suka jibge. Ranar Litinin alƙali zai zo da kansa ya ga lungun, ya yanke hukunci.

Direba ya zuba wa rufi ido. "Shi ke nan, sai a gama?"

"Sai a gama."

"To, ina za mu riƙa zuwa?"

Tun da idon Tela ya daina ganin kafar allura, ranar kotu kaɗai yake goge riga. Mota ɗaya suke shiga, kowa da tagarsa. Magatakarda ya ce an ɗaga, su dawo a ƙafa suna musu har gida. Duk unguwar ba wanda ya rage yana ɗaga masa murya sai wannan mutumin.

Ya tallafo kan Direba ya ba shi ruwa.

"Hannunka na rawa, tsoho," in ji Direba.

"Kai dai ka warke in kayar da kai."

Da safiyar Asabar matar da ke kawo wa Direba abinci ta tarar ya cika. Mutane kaɗan suka raka shi makwancinsa, Tela na gaba.

Ranar Litinin alƙali ya iso da magatakarda da mai awo. Aka kira wanda ake ƙara.

"Ya rasu shekaranjiya, ranka ya daɗe," in ji Tela.

Alƙali ya yi masa gaisuwa, ya ce sai a nemo magada a ci gaba.

"Kar a wahalar da yaran. Na janye. A bar masa."

Suka rubuta, suka shiga mota, domin wata ƙarar na jiransu.

Tela ya shiga lungun, kafaɗunsa na gogar katangu biyun. Ta kan katanga ya hango singiletin Direba a igiya, ta bushe tun tuni, ga hadari ya haɗo. Ya miƙa hannu ya ciro ta, ya ninke a hankali, ya tsaya riƙe da ita har yayyafi ya fara sauka.