Kukan Gidanmu

Ranar Alhamis da hantsi waƙar ta fita, kafin azahar kuwa mutum dubu uku sun saurare ta. Talal, mai buga musu ganga, ya ishi Muhsin da saƙonni daga Jidda, sai ka ce shi ya haifi mutanen nan dubu uku. Ba a ga laifinsa ba. Shekara biyu su huɗu suna shan zafi a wani ɗakin ajiyar kaya, da gita biyu da ganguna, suna kiɗan rok ɗin da iyayensu ke kira hayaniya, ba kamfani ba ubangida. Wannan ce waƙar farko da suka saki daga kundinsu na farko.

Muhsin dai bai yi murna ba tukuna. Waƙar duka da Larabci ya rera ta, ban da layi ɗaya a amshi: "Ko na tsufa, ko na yi nisa, ba na manta kukan gidanmu." Layin nan na kakarsa Hadijatu ne, wadda yake kira Sitti, shi take rera masa tun yana goye. Ta rasu shekara uku da suka wuce. Ba ta bar hoto ba, don ba ta yarda a ɗauke ta, gidansu na unguwar Misfala a Makka kuma an rushe, otal ya tsaya a wurin. Abin da ya rage masa nata layin nan ne kawai, kuma kewarta ba ta taɓa sakinsa ba.

Hausar Muhsin kuwa ta cikin gida ce: zo ka ci, tashi ka yi salla. Amma kuka ya san shi, don an sha ce masa ya bar shi. Shi ya sa ya gina waƙar a kan hawaye, gita na tafiya a hankali, murya na rawa. So yake wani ya ji, ya ce masa lalle wannan waƙar Hadijatu ce. Mutum ɗaya ya rage a duniya da zai iya faɗin haka, wato Hajja Ɗaso, ƙawarta da suka taso tare daga wani ƙauye wajen Maraɗi suna 'yan mata.

Bayan la'asar ya shiga tasi zuwa unguwar Hindawiyya. Ya same ta a kan darduma, tana gyaran wake a faranti.

"Wa nika gani haka? Mijin nan nawa da ba ya cefane?"

"Ni ne, ya Hajja. Kef halik? Na kawo miki ugniya... waƙa. A jawwal take." Ya nuna mata wayarsa.

"Zamna dai, ɗan Larabawa. Sa mu ji."

Ya sa. Ɗaso ta daure wa gita da ganga kamar mai shan magani, hannunta bai bar wake ba. Da aka zo amshi sai hannun ya tsaya. Sai Muhsin ya ga kafaɗunta na motsi, ya ɗauka kuka ne, ashe dariya take.

"Mi kac ce nan? Kukan gidanmu? Wa ya mutu?"

"Haka Sitti take faɗa."

"Kukar gidanmu, ya waladi. Kuka, itace. Wagga da kake shan miyarta duk Juma'a, har kana lashe hannu."

Shi Muhsin a saninsa kuka garin ganye ce a leda, ana sayo ta a shagon wani Bacade. Bai taɓa kawo wa ransa tana da gindi da rassa da inuwa ba. Mutanen su Sitti kuma sukan haɗiye ƙarshen kalma, kunnen yaron Makka ya cike gurbin da abin da ya sani.

Ɗaso ta ture farantin, ta tafa hannu, ta rera masa da ɗan sauri, da muryar da shekaru suka cinye rabinta. Ashe waƙar wasa ce. Ta ce kukar tana bayan gidan su Hadijatu, mutum shida ba su kewaye ta da hannu, a gindinta suke gaɗa har a zo a kore su da tsumagiya.

Abin ya yi wa Muhsin ciwo ƙwarai. Abu ɗaya Sitti ta bar masa, shi ma ya riƙe shi a karkace, ya kuma shelanta wa duniya. Magana zarar bunu ce, wadda ta hau intanet kuwa ta fi. Ji ya yi kamar yau aka sake fita da gawarta.

"Halas," ya ce, yana neman lambar Talal. "Zan ce su sauke ta. Mu sake."

"Aje wayar nan."

Ya ajiye. Ɗaso ta daɗe tana kallon waken, dariyar ta tafi.

"Shekarar Hadijatu tara da munka taho. Ta ɓoye 'yar tsanarta cikin kogon kukar nan, wai in an gama haji ta dawo ta ɗauka. Shekara saba'in ba ta koma ba. Ina nan zamne sadda take goya ka tana wagga waƙa, kuma na sha ganin bakin mayafinta jiƙe." Ta ɗago ta dube shi. "Ita itacen take wa waƙa. Kai kuwa kunnenka na manne a bayanta, abin da ka ji shi ka faɗi. Muryar Hadijatu ce wannan, har inda take karyewa. Sake sa mini."

Muhsin ya danna. Da amshi ya zo, wayar ta ce kukan, tsohuwar ta ce kukar, babu wanda ya sakar wa wani. A zagaye na biyu shi ma ya buɗe baki ya bi su.