Ranar da Aka Saki Motar Kausar

Kwana tara Wada yana gaya wa iyalinsa cewa motar tana wurin makanike. Motar kuwa ba tasa ba ce, ta 'yarsa Kausar ce, da ita take kai abincin da uwarta Rakiya ke dafawa zuwa masaukan alhazai a unguwar Jarwal, nan ƙasa mai tsarki. Shi aronta ya yi wata Talata, ya ce dabino zai ɗauko wa wani abokinsa.

Ba dabino ba ne. Bandar, abokin zamansa a bakin kasuwar Zahir, shi ya roƙe shi ya kai masa kwali goma sha biyu wani shago. Wada ya san taba ce, ya kuma san dalilin da ya hana Bandar saka su a tasa motar, amma ya kau da kai. A hanya jami'an haraji suka tsayar da shi, suka buɗe kwalayen, ba su ga tambarin haraji ko ɗaya ba. Suka riƙe mota da kaya. Ya koma gida a tasi, Bandar kuma ya daina ɗaga waya.

A rana ta goma suna cin abincin rana saƙo ya shigo wayar Kausar, domin takardun motar da sunanta suke. Ta karanta sau biyu, ta ajiye cokali, ta dubi mahaifinta.

"Abuya, a nan an ce an shigar da ƙara a kan a ƙwace motata. Wane makanike ne wannan?"

Wada ya ajiye lomar da ke hannunsa. Shi ne fa mutumin da ya taɓa korar ɗan ƙanensa daga gidan nan don ya ji warin taba a rigarsa. Rakiya ta kwashe kwanuka ta shige kicin.

Washegari suka tafi ofishin tare. Jami'in, mai suna Hamad, ya yi musu bayani a tsanake: shari'a ba ta ƙare ba, amma ana iya sakin motar ga mai ita kafin hukunci, in ta sa hannu cewa ba za ta sayar ba, kuma za ta kawo ta duk ranar da aka nema. Sai ya dubi Kausar.

"Kin san abin da aka ɗauka a cikinta?"

Kausar ta sunkuyar da kai. Wada ya gane nauyin da take ji. In ta ce ba ta sani ba, ta tona mahaifinta a gaban baƙo. In ta yi shiru, motar ta zauna, sana'arsu ta tsaya, ga watan azumi ya ƙarato.

"Ba ta sani ba," in ji Wada. Muryarsa ta fito can ƙasa.

"Ɗaga murya, ya ammi, rubutawa nake," in ji Hamad, yana kiransa baffa da Larabci.

"Ba ta sani ba. Ƙarya na yi mata, na ce dabino ne."

Hamad ya rubuta, ya karanta masa kalma-kalma, Wada ya sa hannu. Da ƙasa za ta tsage a lokacin, da ya gode mata.

Bayan la'asar aka kai su filin da ake ajiye motoci. Tasu tana can ƙarshen layi, an rubuta lambar ƙara da jan fenti a gilashin baya. Wada ya ciro hankici zai goge, mai gadin ya ce a'a, sai an gama shari'a. Haka za ta ratsa unguwa, kowa ya gani.

Kausar ta tayar da mota. Wada ya buɗe ƙofar baya zai shiga.

"Abuya, dawo gaba. Ni ba direbarka ba ce."

Ya dawo ya zauna. Da suka tsaya a danja ya ce, "Ki yafe mini, Kausar."

"Khalas, shi ke nan, na yafe," ta ce, idonta a kan titi. "Amma ranar shari'a kai za ka faɗa musu sunan mai kayan."

Ya ce to. Da suka shigo layinsu, maƙwabta na zaune a ƙofar gida, ya ga idanunsu sun bi jan rubutun. Ya fito, ya yi musu sallama kansa a ƙasa, suka amsa.