Saura Na Ƙwallo

"Gol! Wallahi ta shiga!"

Ihun ya ratso bangon ƙasa ya faɗo cikin ɗakin daidai lokacin da ladan ke kiran La'asar. Hadi yana durƙushe da kofin ruwa, yana lallashin maƙwabcinsa Zaharaddini ya kurɓa, sai mara lafiyar ya kau da baki ya runtse ido.

"Ka ji su ko?" in ji Zaharaddini. "Ana kiran salla, su suna kiran gol. A rumfata."

"Yara ne, Dini. Yanzu zan fita in kora su masallaci."

"Ka kora su yau. Ranar da ba na nan fa, wa zai kora su?"

Rumfar gem ɗin tana jingine da bayan ɗakin da yake kwance. Ba wani abin a zo a gani ba ce: langa-langa, benci biyu, talabijin, batirin sola, sai tsohuwar na'urar wasanni, PS3, da Dini ya sayo ta hannu a Kano tun yana da ƙarfinsa, da hannayenta biyu da salatif ya riƙe. Amma a Unguwar Gawo, inda gero ke tsirowa har bakin ƙofar mutum, ba wani wurin da samari ke taruwa kamarta. Tun da ciwon ƙoda ya kwantar da Dini, gonarsa ta tafi wajen wankin ƙoda a birni, akuyoyi suka bi bayanta. Rumfar ce kaɗai ta rage tana ciyar da matarsa Sakinatu da 'ya'yansu biyu, Fatihu da Maimunat. Hadi ke buɗe ta da safe kafin ya wuce gona, ya rufe da yamma, ya miƙa wa Sakinatu abin da aka samu.

"Hadi, so nake ka goge su," in ji Dini. "Duk wasannin da ke cikinta. Kar ka bar ko ɗaya."

Hadi ya yi 'yar dariya, don ya zaci zafin ciwo ne. Wannan fa Dini ne, mutumin da in na'urar ta cika, ana son wurin da za a zuba sabon wasa, sai ya yini yana jujjuya wanda zai cire, kamar an ce ya zaɓi wanda zai sayar cikin 'ya'yansa. Ya sha fasa sa sabo don kawai ya kasa rabuwa da wani tsohon wasan tseren mota da ba mai yi sai shi.

"Kai da ba ka iya goge ɗaya sai an yi maka addu'a?"

"Ba wasa nake ba." Dini ya buɗe idanunsa da suka kumbura. "Ni na kawo ta garin nan. Duk yaron da ya bar salla a kanta, duk wanda ya ci amanar aiken uwarsa ya zo ya zauna, duk cacar da suke yi a ɓoye suna zaton ban sani ba, ni za a riƙa aika wa zunubin ina kwance a kabari. Ba zan iya tashi in hana ba. Tsoro nake ji, Hadi."

Hadi ya daina dariya. Tare suka yi kiwo, tare aka yi musu kaciya, bai taɓa jin Dini ya ce yana tsoron wani abu ba. Tausayinsa ya kama shi har ya kasa dubansa.

Da ya fito zai tafi masallaci, sai ya tarar da Sakinatu a soro, ta ja mayafi ta rufe rabin fuska. Ashe duk ta ji.

"Malam Hadi, don girman Allah," ta ce ƙasa-ƙasa. "Marka ce fa. Rumbun nan ko ɓera ya daina shigarsa. In aka goge, me zan sa wa yaran nan a baki kafin sabon gero? Ba mai zama a gaban akwatin da ba komai a ciki."

"Shi ya ce, Sakinatu. Kayansa ne."

"Na sani. Ban ce ka ƙi ba. Ka dai bar na ƙwallon nan, shi ne ke kawo su. Ka ja shi a hankali, ko Allah zai sa ya manta."

Hadi ya wuce da kansa a ƙasa.

Dini ya san halin abokinsa, don haka bayan salla ya ce a ɗauko kayan a kawo gabansa. Hadi ya sallami samari suna ta gunaguni, ya kinkimo talabijin da na'urar da batiri ya jera su a gindin gado. Idon Dini ya riga ya yi rauni, ba ya iya karanta rubutun, amma hanyar tana kansa.

"Je ka dama. Ƙara. Yanzu hau sama, wurin da ake ajiye kayan wasa. Ka ga na harbi? Danna maɓallin nan mai kusurwa uku."

Na'urar ta yi tambayarta da Turanci, ko an tabbata. Hadi ya danna maɓallin ekis na amincewa. Wani siririn layi ya fito yana jan ciki a kan gilashi, ba ya sauri ko kaɗan, don tsufa ya ci ƙarfinta. Kafin na harbi ya gama fita ta ɗau zafi, fankarta tana ƙugi kamar injin markaɗe. Sakinatu tana yi wa mijinta fifita da mafici, Hadi yana yi wa na'ura da faifai. Da wata rana ce da an yi dariyar wannan.

Na harbi ya tafi. Na dambe ya bi shi, sai na sojoji, sai wani na kokawar Turawa masu ƙaton ciki. Duk wanda ya fita sai Dini ya ce, "Alhamdu lillahi. Wuri ya ƙaru?" Hadi ya ce ya ƙaru. Da aka zo kan tsohon tseren motar nan, Dini ya lumshe ido har Hadi ya ɗauka barci ya kwashe shi.

"Goge shi," ya ce. Hawaye ya gangaro masa ta gefen kunne, Sakinatu ta share da bakin mayafinta.

Hadi ya riƙa tsallake na ƙwallo, yana cewa ai shi ne mafi nauyi, a bari sai ƙarshe. Yana sane da cewa kwana da kwanaki ba a ga rana ba, batirin bai sha caji ba. Yana danna ekis yana satar kallon 'yar fitilar batirin. Gab da Magariba ta koma ja, talabijin ya yi ɗif. Allah ya sani, Hadi ya ji sanyi a ransa, kuma ya ji kunyar sanyin da ya ji.

"Nawa ya rage?" in ji Dini.

"Saura na ƙwallo."

"Shi ne babban. Gobe da rana ta fito ka zo. Ka yi min alkawari."

"In sha Allahu."

"Hadi."

"In sha Allahu, Dini." Irin in sha Allahun nan ce da kowa ya san ta, wadda ake yi wa mai son a raka shi biki mai nisa.

Washegari rana ta fito tar, kamar da gayya. Hadi ya tsaya a ƙofar gidansa ya dubi farantin solar da ke kan rufin Dini yana ƙyalli, ya saɓa fartanya ya shige gona. Gonar ba ta bukatar komai, ya riga ya yi mata maimai. Ya dai sunkuya yana sassarar ƙasa a gindin gero, yana gaya wa kansa cewa batiri sai ya cika tukuna, kuma zai biya wajen Liman ya roƙe shi ya zo ya kwantar wa Dini da hankali, ai dai yini ɗaya ba komai ba ne. Dabaru kala-kala ya ƙulla, duk don kar ya shiga gidan nan ya haɗa ido da ɗayansu.

Gonarsa da gidan Dini darni ne kawai ya raba. Da hantsi ya ji salati ya tashi, muryar Sakinatu a sama da ta kowa. Ya yar da fartanyar a kunya, ya ratsa geron da gudu, ganye yana yankar masa fuska.

Shi ya taya wanka, shi ya kama makara, shi ya shiga kabari ya karɓi abokinsa. Ƙasar ta jiƙe, tana manne wa hannu. Kafin Azahar an dawo an shimfiɗa tabarmi a ƙofar gida.

Da yamma Sakinatu ta aika a kira shi soro. Muryarta ta dushe, da ƙyar take fita.

"Tun asuba yake tambaya ko ka zo. Ya ce rana ta fito? Na ce ta fito. Ya ce to Hadi yana hanya." Ta haɗiye kuka. "Ni na hana ka, alhakin a wuyana yake. Je ka goge shi yanzu. Ko ganye ne ma ci. Ba zan iya barci ba ana ƙara masa nauyi."

Hadi ya shiga ɗakin, ya jona wayoyin na'urar. Yana riƙe da hannun gem ɗin, na'urar tana ƙoƙarin tashi, sai ga Abdulrashid, yayan marigayin, ɗan kasuwar hatsi a Ɗambatta, ya ɗaga labule.

"Me ake yi da kayan mamaci tun ƙasa ba ta bushe ba?"

Hadi ya yi masa bayani. Abdulrashid ba mugu ba ne, amma mutum ne da ya san 'ya'yan nan a wuyansa za su faɗo, ga nasa birjik a gida. Ya ce kar a taɓa komai sai an ji ta bakin Liman. Liman ya shigo, ya saurari kowa, har Sakinatu daga bayan labule, ya jima yana shafa gemu.

"Jiya kayansa ne," ya ce. "Da ya ce a jefa ta rijiya ma, da an jefa. Yau kuwa ba tasa ba ce, ta magada ce, kuma akwai marayu a ciki. Ba mai ikon rage wa dukiyar maraya daraja, ko uwarsu ce. Shi kuma Allah ya ga niyyarsa, ya kama hanyar tuba. Ku yi masa addu'a."

"Malam, ɗaya ne fa kawai ya rage," in ji Sakinatu.

"Na ji, 'yata. Ki yi haƙuri."

Hadi ya ajiye hannun gem ɗin a kan tabarma. Maganar Liman gaskiya ce, ya sani, amma ba ta rage masa komai ba. Da ya tsallaka darnin nan da safe, da Dini ya tafi da ransa a kwance. Hadi ya fita bai yi wa kowa sallama ba.

Bayan an tashi daga zaman makoki aka yi maganar gado. Ba wani abin rabawa, sai aka tsaya a kan a bar rumfar tana aiki, Abdulrashid ya riƙe ta a madadin yara. Ranar ya sami Hadi a bakin gona.

"Malam Hadi, samari sun ce wasa ɗaya ba ya riƙe su. An ce kuma yanzu wuri ya samu a cikinta sosai, ba ta taɓa samun sarari irin wannan ba. Kai ka san kanta. Ka taimaka ka kai ta Kano a cika ta da sababbi, yaran nan su samu na tuwo."

Hadi ya buɗe baki zai ƙi. A bayan Abdulrashid sai ya hangi Maimunat a ƙofar gida tana lasar murfin tukunya. Ya ce to.

Da safe Sakinatu ta miƙo masa na'urar ta bayan labule, a naɗe cikin tsohon zani. Ya hau bayan ɗan acaɓa da zai kai shi tashar Ɗambatta, ya rungume ƙunshin a ƙugunsa na dama. Hanyar ta bi tsakanin gonaki, gero ya fi su tsawo, har suka ɓullo gefen maƙabarta. Ɗan acaɓan ya rage gudu yana yi wa mamata sallama. Daga dama, kusa da hanya, sabon kabarin Dini yana nan, ruwan sama ya ɗan zaftare gefensa.

Hadi ya mayar da ƙunshin hagu, ya ja babbar rigarsa ya rufe shi.